Fina-finan Malayalam da Siyasar Kerala: Tambayoyi da Amsoshi

Mu da muka tashi da kallon fim ɗin Indiya, na birnin Mumbai muka fi sani, wato na harshen Hindi, masu waƙa da rawa da soyayyar ɗan talaka da 'yar mai kuɗi. Daga baya masu fassara zuwa Hausa suka cika mana kasuwa da na kudancin ƙasar, na Telugu da Tamil, inda jarumi ɗaya ke tarwatsa mutum hamsin. Sai dai akwai wata masana'antar a can kusurwar kudu maso yamma, ƙarama ce a kuɗi, amma a Indiya kanta ana yi mata kallon wadda ta fi kowa iya labari. Ita ce ta harshen Malayalam. Ga amsoshin tambayoyin da masu kallo suka fi yi a kanta, musamman yadda take cuɗanya da al'ada da siyasar mutanenta.

Tambaya: Wai mene ne Malayalam, kuma ina ne Kerala?

Malayalam harshe ne, ɗan dangin Tamil, ba shi da kusanci da Hindi. Gidansa jihar Kerala, wani siririn yanki da ke kwance tsakanin duwatsu da Tekun Larabawa. An kafa jihar ranar 1 ga Nuwamba, 1956, lokacin da Indiya ta sake zana iyakokin jihohinta bisa harshe. A ƙidayar 2011 mutanenta sun haura miliyan 33. Kusan kashi 55 cikin ɗari mabiya addinin Hindu ne, Musulmi sun kai kusan kashi 27, Kirista kuma kashi 18. A wannan ƙidayar, kusan kashi 94 cikin ɗari na jama'ar sun iya karatu da rubutu, babu jihar da ta kamo ta. Hedikwatarta Thiruvananthapuram, amma harkar fim a yau a birnin Kochi ta fi zama.

Tambaya: Me ya sa fina-finansu ba su yi kama da sauran na Indiya ba?

Babban dalili shi ne masu kallon. Mutumin Kerala makarancin jarida ne, mai son gardama. Tun 1945 wani malami, P. N. Panicker, ya fara haɗa kan ɗakunan karatu na ƙauyuka, har ta kai da wuya ka shiga gari ka rasa ɗakin karatu. Wanda ya karanta littafi kafin ya zo sinima ba ya karɓar labarin da aka yi wa ɗinkin gaggawa. Shi ya sa tun farko masu shirya fim suka jingina da marubuta: Thakazhi Sivasankara Pillai, Vaikom Muhammad Basheer, Uroob, da M. T. Vasudevan Nair wanda ya rasu a Disambar 2024. A Kerala ana iya cika sinima da sunan marubucin labari, abin da ba kasafai ake gani a wani wuri ba.

Dalili na biyu ƙarancin kuɗi ne. Kasuwarsu ƙarama ce, don haka ba su da halin gina fadoji na ƙarya ko kwasar 'yan rawa zuwa Turai. Sai su ɗauki fim a gida na gaske, da shagon shayi na gaske, jarumi yana ɗaure da zanen maza da suke kira mundu, ruwan damina na zuba a kansa. Rashin ya zame musu salo.

Sai kuma ƙungiyoyin masu kallo. A 1965 Adoor Gopalakrishnan da abokansa suka kafa ƙungiyar Chitralekha, suna nuna fina-finan Turai da Japan da Rasha. Irin waɗannan ƙungiyoyi suka bazu har ƙananan garuruwa. Tun 1996 jihar ke gudanar da bikin fina-finan duniya, kuma duk Disamba za ka ga ɗalibai da direbobi da ma'aikatan gwamnati sun yi layi a Thiruvananthapuram don kallon fim ɗin Iran ko na Koriya.

Kada dai a ɗauka duk fina-finansu masu zurfi ne. Suna da na shirme da na faɗa da na barkwanci maras kan gado, kamar kowa.

Tambaya: Ta yaya aka fara?

Da tashin hankali aka fara, kuma wannan labarin ya kamata kowa ya sani kafin ya fara yabon Kerala. Wani mutum mai suna J. C. Daniel ya sayar da kadararsa, a 1928 ya shirya fim maras magana, Vigathakumaran. Ya sa wata mace, P. K. Rosy, ta fito a matsayin 'yar gidan Nair, waɗanda ke cikin masu babban asali. Ita kuwa Rosy 'yar Dalit ce, mutanen da tsarin fifikon asali na Indiya ya ajiye a can ƙasa, waɗanda a lokacin ko taɓa su ana ɗaukarsa ƙazanta. Da aka nuna fim ɗin a Thiruvananthapuram, masu jin kansu da asali suka fusata, suka yi jifa a ɗakin kallo, aka ƙone gidansu Rosy, ta tsere daga garin, ba ta sake fitowa a fim ba. Daniel ya talauce, ya mutu a 1975 babu wanda ya damu da shi. Yau babbar lambar girmamawa ta fim a jihar sunansa take ɗauke da shi.

Fim mai magana na farko, Balan, ya fito a 1938. Amma sai a 1954 masana'antar ta samu muryarta, da Neelakuyil na P. Bhaskaran da Ramu Kariat, labarin wani malamin makaranta mai asali da ya yi wa 'yar Dalit ciki ya guje ta. A 1965 Kariat ya sake fitowa da Chemmeen, labarin 'yar masunta mabiya Hindu da wani saurayi Musulmi mai sayen kifi. Shi ne fim na farko daga kudancin Indiya da ya ci lambar zinare ta shugaban ƙasa.

Tambaya: Gaskiya ne 'yan gurguzu ne suka reni masana'antar?

Akwai ƙamshin gaskiya sosai. A 1957 mutanen Kerala suka zaɓi gwamnatin 'yan gurguzu ƙarƙashin E. M. S. Namboodiripad, tana cikin na farko a duniya da suka hau mulki ta akwatin zaɓe. Kafin wannan nasarar, wasan kwaikwayo ya riga ya share musu hanya. Ƙungiyar 'yan wasa ta KPAC ta zaga ƙauyuka da wani wasa na Thoppil Bhasi da aka fara a 1952, kan wani dattijon mai gona da zalunci ya tura shi ya ɗauki jar tuta. Hukuma ta taɓa haramta wasan, hakan ya ƙara masa farin jini. Marubuta da mawaƙa da 'yan wasan wannan ƙungiya su ne suka kwarara cikin fim, suka shigo da damuwarsu: gona ta wane ne, me ya sa mai noma ba shi da rabo, wa ya ce wani ya fi wani tun daga haihuwa.

Dokar rabon filaye da ta fara aiki sosai a 1970 ta karya manyan gidajen masu ƙasa, kuma fim ya bi diddigin wannan rushewar. A Elippathayam na Adoor, 1981, za ka ga magajin wani tsohon gida zaune a kujerarsa ta kishingiɗa, ƙannensa mata na yi masa hidima, duniya ta canza a waje shi kuwa ya kasa ko tashi ya kori saniyar da ta shigo masa gona. Ba a yi masa huɗuba ba, an bar mai kallo ya ga yadda yake ruɓewa a zaune.

Akwai ma wanda ya kai ra'ayin har hanyar neman kuɗi. John Abraham ya shirya Amma Ariyan a 1986 da gudummawar talakawa, shi da abokansa suna yawo ƙauye-ƙauye suna tara kuɗi kaɗan-kaɗan, sannan suka riƙa nuna fim ɗin a filayen gari.

Tambaya: To suna iya sukar jam'iyyun da gwamnati, ko yabo kawai suke yi?

Suna suka, har da cizo. Adoor kansa ya sha zagi daga 'yan gurguzu a 1984 saboda Mukhamukham, inda ya nuna jagoran ma'aikata da aka mayar gwarzo ya dawo gari a matsayin mashayi mai yawan barci.

A shekarar kuma K. G. George ya fitar da Panchavadi Palam: 'yan siyasar wani ƙauye, masu mulki da 'yan adawa, suka haɗa baki suka rushe gada lafiyayya don a ba da kwangilar sabuwa, sabuwar kuwa ta rufta ranar buɗe ta. Shekaru 35 bayan haka, a 2019, aka rufe wata gadar sama a unguwar Palarivattom ta Kochi saboda tsagewa, ba ta fi shekara 3 da buɗewa ba. Nan take jama'a suka laƙaba mata sunan gadar fim ɗin.

Wanda ya fi shiga bakin mutane shi ne Sandesam na 1991, wanda Sreenivasan ya rubuta, Sathyan Anthikad ya ba da umarni. Wani dattijo ya yi ritaya daga aikin jirgin ƙasa ya dawo gida don ya huta, sai ya tarar 'ya'yansa biyu, ɗaya ɗan gurguzu ɗaya ɗan jam'iyyar hamayya, babu mai sana'a a cikinsu. Kan abinci suna musu a kan siyasar Poland da Nicaragua, gida na lalacewa. Har yau idan zaɓe ya zo ana yawo da gutsattsarin fim ɗin a waya. Wasu na sukarsa cewa ya koya wa matasa raina siyasa gaba ɗaya, kuma ina ganin wannan sukar tana da tushe, don fim ɗin ya ƙare ne da nuna cewa mafita ita ce kowa ya koma ya nemi abincinsa.

Mai nauyin cikinsu shi ne Piravi na Shaji N. Karun, 1989. Ya samo asali daga wani ɗalibin injiniya mai suna Rajan da 'yan sanda suka kama a 1976, lokacin dokar ta-ɓaci ta Indira Gandhi, ya mutu a hannunsu, ba a taɓa ba iyayensa gawa ba. Shari'ar da mahaifinsa ya shigar ce ta tilasta wa babban ministan jihar, K. Karunakaran, sauka a 1977. A fim ɗin ba a nuna duka ko ɗaya ba. Tsoho ne kawai ke zuwa tashar mota kullum da yamma yana jiran motar ƙarshe, ko ɗansa zai sauko.

Tambaya: Me ya sa batun ci-rani a ƙasashen Larabawa ya cika fina-finansu?

Saboda ya cika gidajensu. Tun da arzikin mai ya buɗe a shekarun 1970, mazan Kerala ke tururuwa zuwa Dubai da Saudiyya da Kuwait da Oman da Qatar. Mutanen jihar da ke zaune a waje sun haura miliyan 2, mafi yawansu a yankin Gulf. Kuɗin da suke aikowa ne ya gina benaye a ƙauyuka, ya aurar da 'yan mata, ya kuma zuba jari a fim ɗin kansa.

Yadda fim ke kallon ɗan ci-rani ya yi ta sauyawa. Da farko mai sa'a ne, ya dawo da rediyo da turare da tabarau. A 1989 Varavelpu ya nuna wani da ya dawo da ɗan abin da ya tara ya sayi motar haya, dangi suka tatse shi, 'yan ƙungiyar ƙwadago suka durƙusar da shi, ya tattara ya koma. Fim ɗin ya zama abin misali, har firaminista Vajpayee ya ambace shi a wani taron masu zuba jari a Kochi a 2003. Gaddama na 2011 ya bi wata 'yar aikin gida a Saudiyya. Pathemari na 2015 ya bi mutumin da ya kwashe kusan rayuwarsa duka a Dubai yana aiko kuɗi, har 'ya'yansa suka girma suna yi masa kallon baƙo. Aadujeevitham na 2024, daga littafin Benyamin, labarin wani ne da ya sauka a filin jirgi wani ya ɗauke shi ya kai shi hamada kiwon awaki, babu albashi babu hanyar gudu.

Duk wanda yake da 'yar'uwa ko ƙani da ya tafi aikatau Saudiyya ta hannun dillali, aka riƙe masa fasfo, ba ya buƙatar a yi masa dogon bayanin waɗannan fina-finan.

Tambaya: Yaya ake nuna Musulmi?

Musulmin Kerala, waɗanda ake kira Mappila, tsofaffin 'yan gida ne. Musulunci ya iso musu ta hannun fataken Larabawa na teku, tun ƙarnonin farko. Suna da jam'iyya mai ƙarfi, Muslim League, wadda ta daɗe tana shiga gwamnatin haɗaka, har ɗanta C. H. Mohammed Koya ya riƙe kujerar babban minista na ɗan lokaci a 1979. Waƙoƙinsu na gargajiya sun shiga kiɗan fim tun shekarun 1950. Manyan taurari irin su Prem Nazir da Mammootty Musulmi ne.

Duk da haka an daɗe ana nuna su ta fuska biyu ko uku kawai: attajiri mai auri-saki, ko mahauci mai ban dariya, ko aminin jarumi mai kirki da ba shi da labarin kansa. A shekarun 1990 abin ya ƙara muni, wasu fina-finai suka riƙa jefa maganganun da ke alaƙanta gundumar Malappuram, inda Musulmi suka fi yawa, da bam da ta'addanci.

Gyaran ya zo ne lokacin da 'ya'yan yankin suka ɗauki kyamara da kansu. A Adaminte Makan Abu na Salim Ahamed, 2011, wani tsoho mai tallan turare da matarsa sun shekara suna tara kuɗin Hajji. Suka sayar da saniya, suka sayar da babbar bishiyar da ke tsakar gidansu ga wani Kirista mai sana'ar katako. Da aka sare ta sai aka tarar cikinta rami ne. Mai katakon ya ce babu komai, ya riƙe kuɗin. Tsohon ya ƙi, don ba zai je ɗakin Allah da kuɗin da bai tabbatar da halaccinsa ba. Wani malamin makaranta mabiyin Hindu ya kawo nasa taimakon, shi ma ya mayar masa cikin girmamawa. Fim ɗin ya ci lambar fim mafi kyau ta ƙasar Indiya baki ɗaya.

Halal Love Story na 2020 kuwa zai ba mai kallon Kannywood dariya ta musamman. Wasu 'yan ƙungiyar addini ne suka yanke shawarar shirya fim da bai saɓa wa shari'a ba, sai suka nemo miji da mata na gaske su fito a matsayin ma'aurata, suka zauna suna tattauna ko ya halatta a nuna sun rungumi juna.

Tambaya: Na ji akwai fim ɗinsu da ɗan Najeriya ya fito. Gaskiya ne?

Gaskiya ne, Sudani from Nigeria na Zakariya Mohammed, 2018. A Malappuram ana buga ƙwallon 'yan bakwai-bakwai lokacin rani, kuma ƙungiyoyi na ɗauko 'yan wasa daga Afirka, waɗanda 'yan kallo ke kira Sudani ko daga ina suka fito. Samuel Abiola Robinson ya fito a matsayin ɗan wasan da ya karye, manajansa ba shi da kuɗin asibiti, sai ya kai shi gidansu. Mahaifiyar manajan da maƙwabciyarta, tsofaffin mata Musulmi biyu da ba su jin Turanci, suka yi jinyarsa kamar ɗan cikinsu. Fim ɗin ya wanke Malappuram a idon mutane da yawa.

Bayan fitowarsa Robinson ya fito fili ya ce an biya shi ƙasa da abin da ya kamata, ya kuma danganta hakan da launin fatarsa. Maganar ta tayar da ƙura a Kerala, daga bisani suka sasanta da masu fim ɗin.

Tambaya: The Kerala Story fa, nasu ne?

A'a. Fim ɗin Hindi ne na 2023, ba daga masana'antar Malayalam ya fito ba. Tallarsa ta farko ta yi iƙirarin cewa mata 32,000 na Kerala aka musuluntar aka kai wa ƙungiyar ISIS. Da magana ta je kotu, masu fim ɗin suka janye adadin, bayanin ya koma labarin mata uku. Gwamnatin jihar ta 'yan gurguzu da 'yan adawa na jam'iyyar Congress duka sun yi tir da shi.

Tambaya: Jihar da mata suka yi karatu haka, yaya matsayinsu a fim?

Nan ne abin kunyar masana'antar yake. A kan allo an samu fina-finai masu ƙarfi. The Great Indian Kitchen na Jeo Baby, 2021, kusan gaba ɗayansa a kicin aka yi shi. Amarya ta shigo gidan mutunci, babu mai dukanta, babu mai zaginta. Surukinta dai ya fi son shinkafar da aka dafa da itace, ba ya son a wanke masa kaya da inji, mijin kuma kullum sai ya ce zai kira mai gyaran famfon da ke ɗiga ƙarƙashin wurin wanke-wanke, bai taɓa kira ba. Kyamara na nuna hannunta tana yanka, tana niƙa, tana kwashe ƙashin da maza suka tauna suka zubar a kan tebur, tana sauya bokitin ruwan datti, yau da gobe da jibi, har mai kallo ya gaji tare da ita. Fim ɗin ya fito ana tsakiyar rikicin wurin bautar Hindu na Sabarimala, wanda kotun ƙoli ta ce a 2018 a bar mata masu shekarun haila su shiga, kuma ya taɓo wannan kai tsaye.

A bayan kyamara kuwa labarin daban ne. A Fabrairun 2017 aka sace wata fitacciyar jaruma a mota kusa da Kochi aka ci zarafinta. Abokan aikinta mata suka kafa ƙungiyarsu ta WCC, suka matsa wa gwamnati har ta naɗa kwamiti ƙarƙashin tsohuwar alƙaliya K. Hema. Kwamitin ya miƙa rahoto a Disambar 2019, aka danne shi sai Agustan 2024. Abin da ke ciki ya girgiza jihar: neman lalata kafin a ba mace aiki, rashin banɗaki da ɗakin sauya kaya a wurin ɗaukar fim, aiki babu rubutacciyar yarjejeniya, da wasu 'yan tsirarun maza masu ƙarfi da ke iya toshe wa duk wadda ta yi magana hanyar abinci. Cikin kwanaki shugabannin ƙungiyar 'yan wasa ta AMMA suka sauka gaba ɗaya, har da shugabanta, fitaccen jarumi Mohanlal. A 2025 ƙungiyar ta zaɓi mace ta farko a matsayin shugaba, Shwetha Menon.

Ni a ganina shekaru fiye da huɗu da rahoton ya yi a aljihun gwamnatin da ke kiran kanta mai kare mata sun fi kowane fim bayyana yadda iko ke aiki a Kerala.

Tambaya: Batun fifikon asali ya wuce ke nan tun zamanin Rosy?

Bai wuce ba. A shekarun 1990, daidai lokacin da siyasar kishin Hindu ke tashe a Indiya, aka yi yayin fina-finan da ke ɗaukaka ɗan babban gida mai murɗa gashin baki, mai giwaye da wurin bauta na gado, wanda talakawan gari ke rusuna wa. Devasuram na 1993 da Aaraam Thampuran na 1997 suna cikinsu, kuma sun yi kasuwa ƙwarai. Jihar da ta karya masu ƙasa da doka, sai ga ta tana biyan kuɗi tana kewarsu a sinima. Baƙin mutum kuwa yawanci ɓarawo ne ko ɗan daba ko abin dariya.

Sabbin daraktoci sun fara juya akalar. Kammatipaadam na Rajeev Ravi, 2016, ya nuna yadda aka gina benayen Kochi a kan filayen 'yan Dalit, aka kuma yi amfani da 'ya'yansu wajen korar iyayensu. A Puzhu na 2022 Mammootty da kansa ya fito a matsayin mai asalin da ƙiyayya ta cinye saboda ƙanwarsa ta auri ɗan Dalit. Amma masu ba da umarni da masu zuba kuɗi daga cikin 'yan Dalit har yanzu ƙalilan ne.

Tambaya: Jarumansu na zama shugabanni kamar na maƙwabtansu?

Ba kamar su ba. A jihar Tamil Nadu jarumi M. G. Ramachandran ya zama babban minista a 1977, Jayalalithaa ta biyo baya. A Andhra Pradesh N. T. Rama Rao ya kafa jam'iyya ya ci mulki a 1983. A Kerala babu jarumin da ya taɓa hawa wannan kujerar. Jam'iyyun suna da tushe har unguwa-unguwa, kuma mai zaɓe na iya kwana a layin tikitin fim ɗin Mohanlal ya wayi gari ya zaɓi sakataren ƙungiyar ƙwadagonsu. Daga 1982 ƙawance biyu ne ke karɓa-karɓar mulki, na 'yan gurguzu da na Congress, sai a 2021 na 'yan gurguzu ya yi tazarce.

'Yan fim kan shiga majalisa ne idan jam'iyya ta ɗauke su. Ɗan barkwanci Innocent ya ci kujerar majalisar ƙasa a 2014 da goyon bayan 'yan gurguzu. Wanda ya fi jan hankali shi ne Suresh Gopi, wanda ya ci mazaɓar Thrissur a 2024, ya ba jam'iyyar BJP ta Narendra Modi kujerarta ta farko daga Kerala a majalisar wakilai. Mutumin da ya shekara yana fitowa a matsayin ɗan sanda mai tsawa a kan 'yan siyasa ne ya buɗe musu ƙofar da ta daɗe a rufe.

Tambaya: Akwai 'yancin faɗin komai ke nan?

Hukumar tace fina-finai ta gwamnatin tarayya ce, ba ta jiha ba, kuma matsin lamba ba daga hukuma kaɗai yake zuwa ba. A Maris 2025 aka saki L2: Empuraan, ɗaya daga cikin mafi tsada da suka taɓa yi, Mohanlal ne jarumi, Prithviraj ya ba da umarni. An buɗe shi da tarzomar da kowa ya gane ta Gujarat ce ta 2002, inda aka kashe Musulmi da dama. Hukumar tacewa ta riga ta amince da shi. Amma da ƙungiyoyin kishin Hindu suka taso, masu fim ɗin da kansu suka yanke wurare 24, suka sauya sunan mugun, Mohanlal ya fito ya nuna nadama. Babban ministan jihar na lokacin, Pinarayi Vijayan, ya je ya kalli fim ɗin don nuna goyon baya, hakan bai hana almakashi aiki ba.

Wannan na da nasaba da girman da kasuwarsu ta yi. Tun zaman kullen korona mutanen sauran jihohi suka gano fina-finan Malayalam a intanet. Manjummel Boys na 2024 ya zama na farko da ya tara sama da rupee biliyan 2. Wanda ya zuba maƙudan kuɗi yana neman masu kallo a Delhi da Mumbai dole ya fara tunanin wa zai ɓata wa rai, damuwar da mai tara kuɗin fim a ƙauye a 1986 ba shi da ita.

Tambaya: Da wanne zan fara?

Idan kana son labari mai sarƙaƙiya, fara da Drishyam na 2013, na wani mai sana'ar haɗa tashoshin talabijin da ya tsaya kare iyalinsa daga 'yan sanda. Mai yiwuwa ka ga na Hindi da Ajay Devgn ya yi, to daga nan aka kwaikwayo shi, har a ƙasar Sin an sake yin sa. Idan kana son ganin yadda jihar ke fuskantar bala'i, akwai Virus na 2019 kan ɓarkewar cutar Nipah a Kozhikode, da kuma wani mai suna 2018 kan ambaliyar wannan shekarar, inda masunta suka ɗoro kwale-kwalensu a manyan motoci suka shiga garuruwa ceton mutane. Don kallo tare da iyali, Adaminte Makan Abu da Sudani from Nigeria sun dace. Wasu daga cikin sababbin, irin su Kammatipaadam, suna da zubar da jini da shaye-shaye da ashar, gara babba ya fara dubawa kafin ya kunna a gaban yara. Yawancinsu ana samunsu a manhajojin kallo na intanet da fassarar Turanci a ƙasan allo.